Manomin da Ya Ɗaure Hitar Motarsa

Akwai wani mutum, manomin dankalin Turawa, yana zaune da matarsa a wani ƙauye can bisa tudu. Irin tudun nan ne da in damina ta yi nisa gajimare kan sauko ya kwanta a kan hanya, sanyi kuwa ya shiga mutum har ƙashi. 'Ya'yansu sun girma sun tafi birni, saura su biyu a gidan. Shi yana kiranta Maman Kefas, ita tana kiransa Baban Kefas, da sunan ɗansu na fari.

Matar tana fama da ciwon fuka tun tana budurwa. Da ta sha sanyi sai ƙirjinta ya ɗaure, numfashi ya riƙa fita da ƙyar, har wanda ke ɗaki na gaba yana jin kukansa. Shekara da shekaru suna lallaɓa ciwon nan, da magani, da bargo, da addu'a.

Mutumin yana da wata tsohuwar mota 'yar Kwatano. Da ita yake kai dankali kasuwa, da ita suke zuwa sujada ran Lahadi, da ita kuma yake saukar da matar asibitin da ke gindin tudu in ciwon ya tashi. Motar ba abin kallo ba ce. Fentinta ya koɗe, ƙofar baya sai an ɗaure da igiya. Amma tana da abu guda da matar ke ƙauna, wato hita. In an murza wani ɗan maɓalli sai iska mai ɗumi ta fito ta busa ƙafafu, ta kuma busa gilashin gaba ta share raɓar da ta kwanta masa. Matar takan yi dariya ta ce duk gidansu babu ɗakin da ya kai motar nan ɗumi. Sau da yawa ma kafin su kai asibiti ƙirjinta ya fara saki.

Ina so ku riƙe wannan tun yanzu: mutumin nan ba mugu ba ne, ba kuma rago ba ne. Hannunsa ya iya aiki. Injin ban-ruwan gonarsa shi ke kwance shi ya ɗaure da kansa, maƙwabta ma nasu suke kawo masa. Ba ya fashin sujada. In ana neman wanda zai kwaso yashi don ginin majami'a, motarsa ce ke fara isowa.

Wata rana suna dawowa daga sujada, matar ta ce tana jin wani wari a motar, mai zaƙi-zaƙi kamar sukarin da ya ƙone. Ya ce shi bai ji komai ba. Bayan an kwana biyu ta ce gefen zanenta ya jiƙe, ƙasan ƙafarta akwai ruwa. Ya ce ai da laima ta shigo a takalminta. Ta ce yau ba a yi ruwa ba. Sai ya duba ƙasan ƙafarsa, ya ga wurin a bushe ƙamas, ya ci gaba da tuƙinsa.

Shi ma dai akwai abin da ya lura da shi, bai faɗa ba. Ruwan lagireto, wanda ke sanyaya inji, yana raguwa. Kowace safiya sai ya ƙara. Ya durƙusa ya leƙa ƙarƙashin motar bai ga ɗigo ko ɗaya ba, ƙasa a bushe. Ya ce a ransa, motar da ba ta zubar da ruwa a ƙasa ai ba ta yoyo, tsufa ne kawai ya sa take sha. Gilashin gaba kuma ya fara yin wani maiƙo daga ciki, in ya shafa da hannu sai ya ƙara dushewa. Ya ajiye jarka a bayan mota da tsumma a gefen kujera, yana ganin ya gama da maganar.

Ran nan ya buɗe ƙofar gefen matar zai ɗauko wani abu da ya faɗi, ya sa gwiwa a kan kafet, sai ya ji wandonsa ya jiƙe. Ya ɗaga kafet ɗin. Ƙasan duk ruwa ne, mai ɗumi, mai santsi, ƙarfen wurin har ya soma tsatsa. Ya kwanta rigingine ya tura hannu can sama a ƙarƙashin dashbod, wato allon nan da ke gaban direba da fasinja, sai ɗigo ya faɗo masa a yatsa. Ya tashi ya buɗe murfin inji, ya ga tiyo biyu sun ratsa bangon da ya raba inji da cikin mota. Nan take ya gane. Ruwan zafi na inji yana bin tiyo ɗaya ya shiga wani ƙaramin lagireto da ke ɓoye a bayan dashbod, fanka ta hura zafinsa cikin mota, ruwan ya koma ta ɗaya tiyon. Wannan ƙaramin ne ya huje. Ba a waje yake zuba ba, a ciki yake zuba, a gefen da matarsa ke zama.

Ashe gaskiyarta ce tun farko. Bai gaya mata haka ba. Amma ya yi abin kirki guda: ya je wurin masu sayar da kayan tsofaffin motoci, ya samo wani ƙaramin lagireto mai lafiya, ya naɗe shi a buhu ya kawo gida.

Da ya zauna ya dubi aikin sai gabansa ya faɗi. Babu hanyar kai hannu wurin sai an sauke dashbod ɗin gaba ɗaya, da kusoshinsa da wayoyinsa da duk tarkacen da ke bayansa. Motar za ta yini a buɗe, cikinta a waje, duk mai wucewa yana gani. Ga shi lokacin cire dankali ya matso. Ya tura buhun ƙarƙashin gado ya ce sai bayan girbi.

A kasuwa ya ba abokan nomansa labari, suka ce wannan ai ƙaramin abu ne, ya zuba garin kwaki tafin hannu ɗaya a lagireto, in ya kumbura zai toshe hudar. Ya zuba. Abin mamaki, yoyon ya tsaya na 'yan kwanaki, har ya riƙa ba wasu shawarar. Daga baya ruwan ya dawo, ya ma fi na da, yanzu kuma da tsamin gari. Matar ta riƙa ɗora ƙafafunta a kan wani katako don kada su jiƙe.

Sai wata rana ya kai dankali wani gari can ƙasa, inda zafi ke hana mutane barci a ɗaki. Ya tsaya a wani gareji ya yi wa bakanike bayani. Bakaniken ya yi dariya ya ce, "Baba, wa ke gyaran hita a ƙasar nan? Zafin da Allah ya ba mu bai ishe mu ba? Ɗaure ta kawai ka huta."

Ya nuna masa yadda ake yi. A zare tiyon nan biyu daga bango, a haɗa bakinsu da guntun bututu, ruwa ya riƙa zagayawa a cikin inji ba ya shiga cikin mota sam. Kowa haka yake yi, in ji shi. Ba ƙarya ya faɗa ba kuwa, a garinsu haka kowa ke yi, ba wanda ya taɓa yin da-na-sani. Abin da bakaniken bai tambaya ba, mutumin kuma bai faɗa ba, shi ne inda motar ke kwana da wadda take ɗauka.

Ya koma gida ya yi aikin da kansa, bai ko yi gumi ba. Kafet ya bushe. Warin ya tafi. Jarka ta huta. Ya kira matar ta zo ta gani, yana murmushi, ya ce ya gyara.

Ran Lahadi da sassafe suka shiga mota. Ta murza maɓallin kamar yadda ta saba, iska ta fito da sanyi. Ta jira, ta sake murzawa. Ta ce, "Baban Kefas, ƙafata ta bushe kam. Ɗumin fa?"

Ya ce ita dai ba a iya mata. Da tana kukan ruwa, yanzu ruwa ya tsaya ta koma kukan ɗumi. Ta ƙara zane mana, bayan girbi zai duba. Matar ba ta sake tayar da maganar ba. Daga ranar duk inda za su je sai ta ɗauki bargonta. Girbi ya zo ya wuce, aka shiga noman rani, aka sake shiga wata daminar, buhun yana nan ƙarƙashin gado. Ita ce ma ke jawo shi in za ta yi shara, ta share wurin ta mayar.

A tsakiyar damina, wata safiya ana ruwa kamar da bakin ƙwarya, ciwon ya tashi mata fiye da yadda ya taɓa yi. Ta sha maganin da ke gida bai yi komai ba. Ya naɗe ta a bargo ya ɗauke ta ya sa a mota, suka kama gangaren tudu.

Ba su yi nisa ba gilashin ya rufe. Numfashinsu su biyu ya kwanta a kansa fari fat, gajimare kuma ya cika hanya. Ya murza maɓalli, sai sanyi. Ya cire hularsa yana gogewa da hannu ɗaya, ɗayan a kan sitiyari, kafin ya gama goge nan can ya sake rufewa. Hanyar kuwa siririya ce, dutse a gefe guda, kwazazzabo a ɗaya gefen. Hanya ɗaya ta rage masa ya ga gabansa, ya sauke gilasan ƙofa iska ta ratsa. Ya sauke. Iska da feshin ruwa suka shigo kanta, ya ji numfashinta ya ƙara sarƙewa. Ya ɗaga gilasan, hanya ta ɓace. Ya sauke, ta sha sanyi. Haka ya riƙa yi, yana tafiya kamar mai bin jana'iza, yana kiran sunan Yesu, yana ce mata ta daure sun kusa.

 Abin da ya gani da gefen idonsa shi ne ta fito da hannunta daga bargo, ta ɗora tafinsa a kan 'yar ƙofar da ɗumi ke fitowa a da. Ta bar shi a wurin har suka sauka tudun.

Sun kai asibiti. Ma'aikata sun yi iyakar ƙoƙarinsu. Kafin yamma ta cika.

Ban ce muku sanyin motar ne ya kashe ta ba. Ba wanda ya gaya wa mutumin haka, kwanan kowa kuma a hannun Ubangiji yake. Masu ta'aziyya duk sun faɗa masa wannan, yana gyaɗa kai. Amma shi ya ga hannun nan a kan ƙofar iska, ba wanda ya gani sai shi, babu kuma kalmar da ta iya cire masa shi daga ido.

Bayan an yi jana'iza, baƙi sun watse, 'ya'yan sun koma birni, gidan ya yi tsit. Wata safiya ya durƙusa ya jawo buhun daga ƙarƙashin gado. Babu ƙura a kansa ko kaɗan.

Ya cire kan batir. Ya tsiyaye ruwan lagireto, ya fito da kauri kamar kunu saboda garin nan, sai da ya yi ta ɗauraya kafin ya ga ruwa mai tsabta. Ya ɗauko sukudireba da sifana ya fara kwance kusoshi, yana zuba su a wani kwanon miya na matar don kada su ɓata. Duk wayar da ya zare sai ya ɗaura mata zare don ya gane mazauninta. Ya sassauta sitiyari, ya jawo dashbod ɗin ya ajiye a kan tabarma. Maƙwabta suna wucewa suna leƙe, ga cikin motar a waje kamar yadda ya ji tsoro, ba wanda ya ce masa komai sai sannu da aiki. Can ciki ya sami wani akwatin roba, ya buɗe, ya zaro tsohon ƙaramin lagireton. Ya ɗaga shi ga hasken rana yana neman hudar. Da ƙyar ya gan ta, ba ta fi bakin allura ba.

Ya sa sabon a mazauninsa. Ya kwance guntun bututun da ya ɗaure, ya mayar da tiyon nan biyu inda suke tun asali. Ya mayar da wayoyi da kusoshi har kwanon ya zama babu komai. Ya cika ruwa, ya tayar da inji, ya bar bakin lagireto a buɗe har iskar da ta maƙale ta gama fita. Da ya ɗaga kai, rana ba ta ko faɗi ba. Aikin da ya guje wa damina biyu, yini ɗaya bai cinye ba.

Ya shiga ya zauna a kujerarsa, ya rufe ƙofa, ya murza maɓallin. Ɗumi ya fito. Ya share gilashin tas, ya cika motar, ya busa kujerar da ke gefensa da kafet ɗin da ke ƙasanta. Mutumin ya kifa kansa a kan sitiyari ya yi kukan da bai yi ba a bakin kabari.

Ga ma'anar wannan misali, 'yan'uwa. Ƙaramin lagireton nan da ke a ɓoye, shi ne zuciyar mutum. Allah ya sa ta can ciki domin ƙaunar da ya zuba mana ta bi ta cikinta ta ɗumama waɗanda ke zaune tare da mu. In zunubi ya huda ta, ko fushi ne, ko taurin kai, ko wani ɗaci da ka riƙe tun shekaru, ba a waje take fara zuba ba. Mutanen ikilisiya za su leƙa ƙarƙashinka su ga ƙasa a bushe, su ce wane ai mutumin kirki ne. A cikin gida take zuba, a gefen wanda ya fi kusa da kai. Kai kuma ka dubi ƙasan ƙafarka ka ga a bushe, ka ce ƙorafi ne ya yi musu yawa.

Waɗansunmu jarka muke yawo da ita. Mu zo Lahadi a cika mu, kafin Laraba mun tsiyaye a kan iyalinmu, mu sake dawowa a cika. Waɗansu garin kwaki muke zubawa, mu sayo zane ko mu yi wasa da dariya don magana ta wuce, alhali ba mu ce a gafarta mana ba. Amma wanda ya fi ba ni tsoro shi ne mai ɗaurewa, domin shi da gaske yana ganin ya gyara. Shi ne mutumin da zai ce maka, ai mun daina faɗa a gidanmu. Gaskiya ne sun daina, domin sun daina magana. Uba ya daina yi wa ɗansa tsawa, ya kuma daina tambayarsa lafiya. 'Yar'uwa ta daina zagin 'yar'uwarta, ta canza kujera a majami'a. Yoyo ya tsaya, ɗumi ma ya tsaya. In ka tambayi duniya za ta ce maka kowa haka yake yi, ka rufe zuciyarka ka huta. Duniya ba ta san wanda ke zaune a gefenka ba, ba ta san irin sanyin da yake ji ba.

Abin da ke ci mini rai a labarin nan shi ne buhun. Mutumin bai rasa abin gyara ba, yana kwana a kansa kowace rana. Haka muke. Almasihu ya riga ya tanada mana sabuwar zuciya, ba sai mun je nema ba. Abin da muke gudu shi ne a sauke dashbod, a ga cikinmu a waje, mu buɗe baki mu ce ni ne na yi laifi. Sai mu ce bayan girbi, bayan Kirsimeti, in yara sun gama makaranta, in ita ta fara zuwa.

Ba zan rufe da abin da zai sanyaya muku rai ba, domin ƙarya zan yi. Allah yana karɓar mai tuba ko da ya makara, wannan tabbas ne, mutumin nan ma na gaskata ya sami jinƙai. Amma gafara ba ta dawo da safiyar nan ta ruwa ba. Akwai waɗanda ke zaune a nan yau da za su gyara zuciyarsu sarai, ɗumi ya fito, su juya su tarar babu kowa. Na binne mutane da yawa, na kuma tsaya kusa da waɗanda suka bari. Ban taɓa jin wanda ya ce aikin ne ya fi ƙarfinsa ba. Abin da suke faɗa kullum shi ne, da ma na yi tun tana nan.

In an tashi sujada, kafin ka tayar da mota ko ka kama hanya da ƙafa, ka dubi wanda ke tafiya gida tare da kai. In ka ga ya daina ƙorafi, kada ka yi murna. Ka duba ko bargo ya fara ɗauka.